Yatsa Ya Datse Bai Rabu Ba: Jagorar Sanya Lambar Rauni a Kundin ICD-10-CM

Duk wanda ya shiga asibiti a Amurka da yatsa a datse, kafin a biya kuɗin aikin da aka yi masa sai wani ma'aikaci da bai taɓa ganinsa ba ya karanta abin da likita ya rubuta, ya mayar da shi lamba mai gurbi bakwai. Da wannan lambar kamfanin inshora zai biya ko ya ƙi biya. Da ita masu diyyar ma'aikata za su fara auna girman asarar, kuma ita ce za ta shiga ƙididdigar da za a duba gobe a gane wane inji ne ya fi cin yatsun mutane. Wannan jagora ta mai wannan aiki ce, da ɗalibin da ke koyonsa, da likitan da rubutunsa ne tushen komai.

Kundin da ake aiki da shi a can shi ne ICD-10-CM. Asalinsa ICD-10 ne na Hukumar Lafiya ta Duniya, wanda aka amince da shi a 1990, ƙasashe suka soma ɗaukarsa daga 1994. Amurkawa suka ƙara masa rassa masu yawa, suka fara aiki da nasu ranar 1 ga Oktoba, 2015. Cibiyar ƙididdigar lafiya ta ƙasar, NCHS, ita ke riƙe da shi, kuma kowace shekara ranar 1 ga Oktoba sabon bugu ke fara aiki, wani lokaci da ƙarin gyara a watan Afrilu. Kafin komai, ka tabbata bugun da ke gabanka na lokacin da aka duba majiyyacin ne.

Wanda ya koyi aikin bayanan lafiya a Najeriya, ko a Nijar inda ake kiran kundin CIM-10 da Faransanci, na Hukumar Lafiya ta Duniya ya saba da shi, kuma a can lamarin da sauƙi. S68.0 babban yatsa ne, S68.1 wani yatsa guda ɗaya, S68.2 yatsu biyu ko fiye, S68.3 yatsu haɗe da wani ɓangare na hannu. Ko guntun ya faɗi ƙasa ko yana rataye, lamba ɗaya ce. Tsohon kundin Amurka, ICD-9-CM, shi ma bai raba ba: 885 na babban yatsa, 886 na sauran. A ICD-10-CM kuwa babu S68.2, babu S68.3, kuma S68.1 ta sake ma'ana. Wanda ya shigo da tsohon sabo zai kuskure tun a gurbi na huɗu.

A ina yankan ya ratsa

Babban yatsa ƙashi biyu gare shi, sauran huɗun kowanne uku, goma sha huɗu ke nan a hannu guda. Ƙarƙashinsu akwai dogayen ƙasusuwa biyar na tafin hannu. Inda ƙashin yatsa na farko ya haɗu da na tafi, wato ƙullin nan da ke fitowa idan ka dunƙule hannu, shi za mu kira gindin yatsa. Mataki biyu kawai kundin ya sani ga yatsa: ko an datse shi a gindi, ko an datse ta cikin ƙasusuwansa.

Babban yatsa a gindi S68.0 ne. Idan ta cikin ƙashinsa ne, S68.5, kuma kundin ya faɗa a fili cewa gaɓar da ke tsakanin ƙasusuwansa biyu tana cikin wannan rukuni. Sauran yatsu a gindi S68.1, ta cikin ƙashi S68.6. Wanda ya rasa kan yatsa dab da farce da wanda zarto ya ratsa masa tsakiyar ƙashi na farko, dukansu S68.6 ne. A idon likitan hannu tazarar da ke tsakanin raunukan nan biyu babba ce, amma kundin bai raba su ba. Idan yankan ya sauko ya ratsa ƙasusuwan tafi, an bar batun yatsa, an koma S68.7. A wuyan hannu kuma S68.4.

Kan yatsa shi ne ya fi kowane ɓangaren hannu haɗuwa da rauni, don haka S68.6 ce za ka fi sanyawa, muddin likita ya rubuta inda yankan ya bi.

Ya rabu ko bai rabu ba

Gurbi na biyar zaɓi biyu gare shi: 1 idan guntun ya rabu gaba ɗaya, 2 idan bai rabu ba. S68.61 da S68.62 ke nan, haka S68.11 da S68.12, haka na babban yatsa. A nan ne aka fi tuntuɓe, kuma a nan nake so mai karatu ya zauna sosai.

A likitance, datsewar da ba ta cika ba ita ce wadda guntun yake nan maƙale da jiki, ko ta siririyar fata, ko ta jijiyar motsi, ko ta wani zaren nama. Cikakkiya ita ce wadda guntun ya rabu sarai, aka zo da shi a leda ko aka baro shi a bakin inji. Girman abin da ya tafi bai shiga wannan lissafi ba. Kan yatsa ɗan ƙarami da ya faɗi ƙasa cikakkiyar datsewa ce. Yatsa guda da aka yanke a gindi, fata kaɗai ke riƙe da shi, datsewa ce da ba ta cika ba.

Matsalar daga bakin alƙalamin likita take tasowa. Likitan ɗakin gaggawa yana cikin sauri, ya ga mutum ya rasa kan yatsa, sai ya rubuta "partial", nufinsa wani ɓangare na yatsan ne ya tafi, sauran yana nan. Wannan kalmar kuwa ita ce kundin ya ɗora wa gurbi na biyar mai lamba 2. Mai sanya lamba ya ga kalma ta dace da kalma, ya sa S68.62, alhali kan yatsan majiyyacin yana cikin roba da ƙanƙara a gefen gado. Tambayoyi biyu ne daban aka cakuɗa. Yawan abin da ya tafi, gurbi na huɗu ke amsa shi. Rabuwa ko rashin rabuwa, na biyar ke amsa ta.

Maganin wannan shi ne karanta fayil ɗin duka. Kada ka tsaya a layin ƙarshe inda aka rubuta sunan raunin. Je ka inda likita ya bayyana abin da ya gani. Idan ya ce guntun yana riƙe da fata ta gefen tafi, ko ya gwada ko jini na kai wa kan yatsan, ko ya daidaita guntun ya ɗinke shi a wurinsa, to bayaninsa ya yi daidai da kalmarsa, sa 2 hankalinka kwance. Idan kuwa ya ce an zo da guntun daban, ko ba a same shi ba, to rubutunsa ya saɓa wa kansa. A nan ba ka da ikon yanke hukunci da kanka ka sa 1, ko da ka tabbata a ranka haka abin yake. Ƙa'idojin kundin sun ɗora tantance ciwo a kan likita, kuma sun ce idan bayani ya yi karo da juna a tambaye shi. Matambayi ba ya ɓata.

Kada wani ya ɗauka wannan rabewa tsirfar masu takarda ce. Siririyar fatar da ta rage tana iya ɗauke da jijiyar da ke kwashe jini daga guntun, kuma wannan kaɗai yana iya sa yatsa ya rayu. Shi ya sa likitocin tiyatar hannu suke bambanta aiki biyu: mayar da jini ga guntun da ke maƙale, da sake dasa guntun da ya rabu gaba ɗaya. Na biyun bai daɗe da samuwa ba. A 1965 ne Komatsu da Tamai, a lardin Nara na Japan, suka yi nasarar sake dasa babban yatsan da ya rabu sarai. Lamba 1 da lamba 2 aiki biyu ne daban a ɗakin tiyata, da tsawon jinya daban.

Idan likita bai faɗi komai ba

Kundin ya tanadi hukunci ga rashin bayani, kuma hukuncin nasa duk ɓangaren tsanani ya karkata. A saman rukunin S68 an rubuta cewa datsewar da ba a fayyace ko cikakkiya ce ko a'a ba, a ɗauke ta cikakkiya. A ƙarƙashin S68.0 da S68.1 kuma an ajiye datsewar da ba a faɗi matakinta ba, wato a ɗauka a gindi aka yi ta. Haɗa biyun ka gani. Likitan da ya rubuta "yatsa ya datse" ya yi shiru, lambarsa za ta fito S68.119A: an cire yatsa ɗungurungum daga gindi, ba a san wanne ba. Kafintan da zarto ya yanki kan yatsansa, aka ɗinke, ya koma bakin aiki da yatsu goma, a takarda ya zama mai tara.

Ƙa'ida ta yarda da wannan lamba, amma ni a ganina mafaka ce ta ƙarshe, bayan an tambaya ba a sami amsa ba. Wanda ya mayar da ita hanyar gama aiki da wuri yana cutar majiyyaci, domin ya rubuta masa nakasar da ba shi da ita, yana kuma ɓata ƙididdiga. Ga shi kamfanonin inshora kan dawo da takardar da ba ta faɗi hannun dama ne ko hagu ba, saurin da aka nema ya koma jinkiri.

Wane yatsa, wane hannu

Gurbi na shida ya haɗa sunan yatsa da ɓangaren jiki. Ga yatsu huɗu tsarin a jere yake: 0 manunin dama, 1 manunin hagu, 2 na tsakiya na dama, 3 na tsakiya na hagu, 4 na zobe na dama, 5 na zobe na hagu, 6 ƙaramin dama, 7 ƙaramin hagu. Lamba 8 ta yatsan da aka ambaci sunansa ba a faɗi hannun ba ce, 9 kuma ta wanda ba a ambata ba sam. Babban yatsa nasa daban: 1 dama, 2 hagu, 9 ba a fayyace ba.

Lura da tarkon da ke nan. Lamba 1 a babban yatsa dama ce, a manuni hagu ce. Lamba 2 a babban yatsa hagu ce, a na tsakiya dama ce. S68.521 babban yatsan dama ne, S68.621 manunin hagu. Hannun da ya saba da rubuta ɗaya yakan zame a ɗayar, don haka kada ka rubuta da ka. Fara daga fihirisa, sannan ka tabbatar a jadawali, ka karanta cikakken sunan lambar kafin ka wuce.

Wasu likitoci da lamba suke kiran yatsu, su ce na biyu ko na uku. Mafi yawa da babban yatsa suke fara ƙirge, sai na biyu ya zama manuni, amma akwai mai farawa da manuni. Idan wani wuri a rubutun likitan ya ambaci sunan yatsan, shi ke nan. Game da dama ko hagu kuwa, tun Oktoban 2021 ƙa'idoji suka ba da damar a ɗauka daga rubutun wani ma'aikacin lafiya, kamar nas, idan likita bai rubuta ba. Wannan sassauci a kan ɓangaren jiki ya tsaya. Matakin yanka da batun rabuwa sai daga likita.

Idan yatsu da yawa abin ya shafa, kowanne da lambarsa, kuma wanda likita ya ɗauka ya fi tsanani shi ke gaba. Misali, ma'aikacin masana'antar katako ya zo da manunin dama ya rabu ta ƙashi na biyu, na tsakiya kuma yana rataye a daidai wurin. Lambobinsa S68.610A da S68.622A. Hannu ɗaya, zarto ɗaya, gurbi na biyar ya bambanta.

Harafin ƙarshe

Babu lambar S68 da ta cika sai da harafi a gurbi na bakwai: A, D ko S. Mutane da yawa suna ɗauka A na zuwan farko ne, D na zuwa na biyu. Ba haka ƙa'ida ta ce ba. A na duk lokacin da ake kan ainihin maganin raunin ne. An gan shi a ɗakin gaggawa ranar Litinin, A. An tura shi wurin likitan hannu ranar Laraba ya duba ya tsara tiyata, A. An yi tiyatar ranar Juma'a, har yanzu A. Sai ya shiga lokacin warkewa, yana zuwa a canza bandeji, a cire zare, a duba yadda naman ke haɗuwa, sannan D ta shigo. Sabon likita bai sa harafi ya koma A ba, irin kulawar da aka bayar ita ake dubawa.

Kada ka nemi lambobin kulawar bayan aiki na rukunin Z don rauni. Z47.81 ta wanda likita ya yanke wa gaɓa ce a tiyata. Wanda haɗari ya datse, lambar raunin nasa da D ita ce kulawar bayan aikinsa.

S kuma na abin da raunin ya bari ne bayan ya warke. Lamba biyu ake sawa, kuma abin da ya bari shi ke fara zuwa. Mace ta dawo bayan shekara, manunin hagun da aka ceto ya sandare: M25.642 ta sandarewar hannun hagu, sannan S68.621S ta nuna inda abin ya samo asali.

Abin da ba a haɗa shi da S68

Datsewa ta riga ta ƙunshi buɗaɗɗen rauni da karyewar ƙashin wurin. Shi ya sa rukunin S61 na buɗaɗɗen rauni da rukunin S62 na karaya kowanne yake ɗauke da gargaɗin da ake kira Excludes1, mai hana a haɗa su da S68. Ba za ka sa datsewar yatsan zobe sannan ka ƙara yankan fata da karayar wannan yatsan ba. Amma ƙa'idar ta bar ƙofa ga abubuwan da ba su da alaƙa da juna. Idan yatsan zobe ya datse, ƙaramin yatsa kuma ya yanke kawai aka ɗinke, raunuka biyu ne a wuri biyu, kuma na biyun yana da haƙƙin lambarsa ta S61. Kwamfutar wani kamfanin inshora tana iya tsayar da takardar saboda ganin lambobin tare, amma rubutun likita mai raba yatsun biyu shi ne hujjarka.

Akwai kuma iyakar da ke tsakanin S61 da S68, wadda masu aikin suka daɗe suna muhawara a kanta: tsokar kan yatsa da wuƙa ta fige ba ta taɓa ƙashi ba. Ka bi abin da likita ya kira shi. Idan ya ce figewar fata da nama ce, buɗaɗɗen rauni ne: S61.2 idan farce lafiya, S61.3 idan farce ya lalace, na babban yatsa kuma S61.0 da S61.1. Idan ya ce datsewa ce ta kan yatsa, ka duba ko ya ambaci ƙashi, in bai ambata ba ka tambaya. Kada ka buɗe hoton ƙashi ka tantance da idonka.

A nan wani abu kan rikita masu aiki da takardun masana'antu. Hukumar kiyaye lafiyar ma'aikata ta Amurka, OSHA, tun 1 ga Janairu, 2015 ta wajabta wa mai kamfani ya kai rahoton duk datsewar gaɓa cikin awa 24, kuma a ma'anarta kan yatsa yana ciki ko ƙashi ya tafi ko bai tafi ba. Wannan ma'ana ta kai rahoto ce. Takardar kamfani da ta kira abu datsewa ba ta ɗaure maka hannu ba.

S68 ta haɗari ce kawai. Yatsan da likita ya yanke saboda ciwon suga ko ruɓewa, cutar ake sa wa lamba. Wanda aka haifa babu yatsa yana rukunin Q71.3. Ƙuna da daskarewar sanyi suna da nasu rukunan a T20 zuwa T34.

Yadda abin ya faru

Bayan lambar rauni sai lambobin sanadi, na Babi na 20. Ba sa zuwa a gaba, kuma babu dokar ƙasa baki ɗaya da ta wajabta su, sai inda jiha ko mai biya ya nema. Duk da haka ina roƙon a riƙa sa su. S68 za ta gaya maka yatsa ya tafi, amma ba za ta gaya maka zarto ne ko ƙofar mota ba, kuma mai son hana na gaba wannan yake buƙatar sani.

Injinan katako masu wuta, irin zarton tebur, W31.2 ne. Injinan ƙarfe W31.1. Kayan girki na kasuwanci, kamar injin yanka nama a gidan abinci, W31.82. Na'urar girki ta gida irin blanda W29.0. Injin yanke ciyawa W28, injinan gona W30, wuƙa W26.0, gatari da zarton hannu W27.0. Yaron da ƙofa ta matse wa yatsa yana rukunin W23. Waɗannan lambobi gajeru ne, kuma su ma harafin ƙarshe suke so a gurbi na bakwai, sai a cike gurabun da ba kowa da X: W31.2XXA, W26.0XXA, W28.XXXA. Harafinsu ya bi na raunin. Idan ba a faɗi ko da gangan aka yi ba, a ɗauka haɗari ne.

Sai wuri, da abin da mutum yake yi, da matsayinsa. Y92.63 masana'anta ce, Y93.G1 shirya abinci, Y99.0 aikin da ake biyan mutum. Waɗannan ukun sau ɗaya ake sa su, a zuwan farko. Y99.0 tana da nauyi, domin ita ke nuna rauni a bakin aiki ya faru. Cikakken jerin ma'aikacin katakon nan zai zama S68.610A, S68.622A, W31.2XXA, Y92.63, Y99.0. Idan an yi masa allurar tetanus, a ƙara Z23.

Lambar rauni da lambar aiki su yi magana ɗaya

Aikin da likita ya yi da wani kundin ake sa masa lamba, CPT na Ƙungiyar Likitocin Amurka, amma mai dubawa yana ajiye su gefe da gefe. Lambobin sake dasa yatsa, 20816 da 20822, da na babban yatsa, 20824 da 20827, duk na datsewar da ta rabu gaba ɗaya ne. Takardar da ta ɗauko 20822 tare da S68.62 ta ƙaryata kanta: ta ce an dasa abin da bai rabu ba. Ga guntun da ke maƙale, gyaran kowane abu ake sa wa lamba, ƙashi, jijiyar motsi, jijiyar jini, jijiyar ji.

Wani lokaci guntun da ke rataye ba zai rayu ba, sai likita ya ƙarasa cire shi, ya rage ƙashi, ya rufe dungun. Aikin 26951 ne idan an ɗinke kai tsaye, 26952 idan an jawo fatar kusa an rufe. Amma raunin da majiyyaci ya zo da shi bai canza ba. Ya zo da datsewar da ba ta cika ba, lambarta S68.62 tana nan. Wuƙar likita ba ta mayar da ita S68.61.

Alamomin yatsu da ake liƙa wa lambar aiki kuma da hagu suka fara: FA babban yatsan hagu, F1 zuwa F4 sauran na hagu, F5 babban yatsan dama, F6 zuwa F9 sauran na dama. A kundin rauni dama ce ke gaba. Manunin dama 0 ne a can, F6 a nan. Duba su biyun tare kafin takarda ta fita.

Bayan an warke

Idan dungu ya kawo matsala, rukunin T87 ne: T87.41 ƙwayar cuta ta shiga dungun ɓangaren dama, T87.42 na hagu, T87.31 da T87.32 ƙullin jijiya mai zafi a bakin dungu. Matsalar guntun da aka sake dasawa tana T87.0X. Mai jin zafi a yatsan da babu shi G54.6 ne.

Idan komai ya lafa, ba a maganin komai, sai dai a nuna yatsan babu shi, Z89 ce: Z89.011 da Z89.012 na babban yatsa, Z89.021 da Z89.022 na sauran. Wanda aka ceto yatsansa bai shiga nan ba, yatsansa yana hannunsa.

Yadda ake tambayar likita

Takardar tambaya ba ta sa wa likita magana a baki, kuma ba ta ambaton kuɗi. Ka kawo abin da ya rubuta a wurare biyun da suka saɓa, sannan ka ba shi zaɓi a buɗe. Misali: "Likita, a bayanin dubawa an rubuta cewa an zo da guntun manunin dama daban, a sunan rauni kuma an rubuta datsewar da ba ta cika ba. Don Allah a fayyace: guntun ya rabu gaba ɗaya, ko yana maƙale da nama, ko wani abu ne daban, ko ba za a iya tantancewa ba? A kuma faɗi ƙashi ko gaɓar da yankan ya ratsa." Amsar ta shiga fayil a rubuce. Maganar baki a baranda ba hujja ba ce ranar da masu bincike suka zo.

Ga likitoci kuma, roƙona kaɗan ne. Duk lokacin da yatsa ya zo muku a datse, ku rubuta abu huɗu a layi ɗaya: sunan yatsan, hannun dama ko hagu, ƙashi ko gaɓar da yankan ya bi, da ko guntun ya rabu ko yana maƙale da me. Ku ƙara abin da ya yanke shi da inda abin ya faru. Layin nan ba zai ci muku minti ɗaya ba, kuma da shi mai sanya lamba zai cike gurbi bakwai ba tare da ya dawo muku da takarda ba.